Injin Wanki Mai Baki a Sama: Yadda Yake Aiki da Yadda Za Mu More Shi

A wannan makon filin kimiyya na ƙungiyarmu ya leƙa tsakar gida ne.

Duk wanda ya taɓa durƙusawa gaban baho ranar Asabar yana cuɗa farin yunifom har bayansa ya ƙage, ya san dalilin da ya sa injin wanki yake ta shiga gidaje a nan Daura. Yanzu har cikin kayan ɗakin amarya akan sa shi. Sai dai muna yawan jin ƙorafi: ba ya fitar da datti, yana yaga kaya, ko kuma ya ƙone tun bai shekara ba. Da muka zauna muka duba yadda yake aiki, sai muka ga yawancin matsalar daga wajen mai amfani da shi take.

Iri biyu ne

Injin da ake zuba wa kaya ta sama ya kasu biyu. Akwai mai baki biyu: babban baki na wanki, ƙarami na matsa. Kai za ka zuba masa ruwa, ka murɗa makunnin lokaci, in ya gama ka kwashe kayan ka mayar ɗaya ɓangaren. Akwai kuma mai baki ɗaya mai sarrafa kansa, wanda yake jan ruwa, ya wanke, ya ɗauraye, ya matse, duk a ganga guda. Wannan yana son famfo mai ƙarfi ko tankin sama, da wutar da za ta zauna har ya gama. Shi ya sa mai baki biyu ya fi dacewa da gidan da ake sayen ruwa a wajen 'yan ga-ruwa.

Me ke faruwa a ciki?

Idan ka leƙa gindin gangar wanki, za ka ga wani faifan roba mai tudu-tudu. A ƙarƙashinsa akwai moto mai aiki da lantarki, wanda yake juya faifan ta hanyar bel, kamar yadda injin markaɗe yake yi. Faifan yakan juya dama na ɗan lokaci, ya tsaya, sannan ya juya hagu. Wannan kai-komon ne yake tayar da ruwa, ruwan ya yi ta ratsa zaren tufafi, tufafin kuma su riƙa gogar juna.

Sai aikin garin sabulu, wanda muke kira omo. Kowane ƙwayar sinadarinsa yana da ɓangare biyu: ɗaya yana kama maiƙo, ɗaya yana bin ruwa. Sai su kewaye maiƙon gumi da na miya, su ɓamɓaro shi daga jikin zare tare da ƙurar da ta manne masa, ruwa ya tafi da shi.

Abin da ya kamata mu riƙe a nan shi ne: injin ba shi da hannun cuɗa. Ruwa ne yake wankin, faifan motsa shi kawai yake yi. To, idan aka danna kaya har baki, ta ina ruwa zai ratsa? Na sama su tsaya cik ko jiƙewa ba su yi sosai ba, na ƙasa kuma faifai ya yi ta gurzar su har su ɓule, moto ya yi ta nishi yana ɗaukar zafi. Garin neman gira sai a rasa ido. Lambar da ke jikin injin, misali kilo 7, nauyin busassun kaya take nufi. Hanya mai sauƙi ita ce a zuba kayan sakwa-sakwa, kada su wuce kashi biyu cikin uku na gangar. In an kunna, a duba: idan kaya suna nutsewa suna tasowa, aiki yana tafiya daidai.

Haka omo ma, yawansa ba ya ƙara tsabta. Kumfa in ya yi yawa sai an yi ta ɗauraya, abin da ya maƙale kuma ya sa kaya su yi tauri, jiki ya yi ƙaiƙayi. A narkar da shi a ruwa kafin a zuba kaya. Minti 15 da ke jikin makunnin yawancin masu baki biyu ya isa; kayan da suka yi dauɗa sosai, kamar safa da wuyan riga lokacin hunturu, a jiƙa su tukuna, a ɗan cuɗa wurin da hannu.

Yadda yake matsa

Gangar matsa tana da 'yan ƙananan ƙofofi a jikinta, kuma tana juyawa da gudun gaske, a wasu injinan fiye da sau 1,000 a minti ɗaya. Ku tuna majajjawa: muddin kana wulwula ta, dutsen yana neman ficewa, igiya ce take riƙe shi; da ka saki sai ya tafi. Haka abin yake a nan. Bangon ganga yana tare tufafi, amma ruwa ba shi da mai tare shi, sai ya fice ta ƙofofin. 'Yan ajin kimiyya, ga darasin fiziks a tsakar gidanku.

Idan nauyi ya taru a gefe guda, injin yakan yi ta jijjiga yana buga bango. A kashe shi, a baje kayan daidai, a danna su ƙasa, a ɗora murfin robar nan na ciki kafin a rufe babban murfi. Kuma a ajiye injin a daɓe mai daidaito.

Ruwa da wuta

Mu mutanen Daura ba sai an gaya mana darajar ruwa ba. Labarin rijiyar Kusugu ma a kan ruwa ya ginu, lokacin da sai ranar Juma'a ake samun ɗiba. Injin mai sarrafa kansa yana iya shan sama da lita 100 a wanki ɗaya, wato ya haura jarka huɗu masu lita 25. Mai baki biyu kuwa yana ba ka damar tattali: fara da fararen kaya, ka tsame su, ka sa masu launi a ruwan, sannan masu duhu a ƙarshe. Ruwan ɗauraya a tare shi a bokiti, a yi wankin gaba da shi ko a wanke makewayi. Kada a saki tiyon zubar da ruwa a lungu ya kwanta, sauro ya samu gida.

Wajen wuta, irin waɗannan injinan yawanci ba sa dafa ruwa, don haka ba su da ci sosai. Babban abokin gabarsu shi ne wuta mai rauni. Idan ƙwai ya yi ja, fanka tana tafiyar hawainiya, ko ka ji moto yana gurnani bai juya ba, kashe shi nan take, domin haka ake ƙona shi. Mai amfani da janareta ya duba ƙarfin da aka rubuta a bayan injin, ya tuna cewa moto ya fi jan wuta lokacin tashi.

Kafin a zuba kaya

A lalube aljihu. Ƙusa, tsabar kuɗi ko fil ɗin hijabi suna iya shiga ƙarƙashin faifai, biro ɗaya kuwa ya isa ya ɓata yunifom ɗin gida duka. A ja zif, a ɗaure mazagin wando don kada ya naɗe sauran kaya. Sabuwar atamfa da rinin da yake zuba a ware su. Hula, babbar riga mai aiki, leshi mai duwatsu da shadda mai tsada ba na inji ba ne. A bar wa hannu da masu sana'ar. Kayan da najasa ta taɓa kuwa, kamar na jarirai, a fara wanke wurin da ruwa zalla kamar yadda muka koya a darasin fiƙihu, sannan a haɗa su da saura.

In an gama, a cire 'yar ragar da ke tace zare a wanke ta, a zubar da sauran ruwa, a bar murfi a buɗe ya sha iska, sannan a lulluɓe injin saboda ƙura da rana.

Hattara

Wannan ɓangaren ya fi duk na baya muhimmanci. Kada a taɓa sa hannu a gangar matsa sai ta tsaya cak, ko da an ɗauke wuta. Tsumma ɗaya in ya naɗe yatsa yana iya karya hannu. Kada a taɓa soket da jiƙaƙƙen hannu, kada a bar waya kwance cikin ruwa, kuma a sa takalmin roba. Wanda ya ji injin yana ɗan jan sa, ya zare fulogi a kira mai gyara, kada a ce ai kaɗan ne. Kuma kada a bar ganga cike da ruwa a tafi: ƙaramin yaro yana iya taka kujera ya leƙa, ya faɗa da ka. Rigakafi ya fi magani.

Mu da muke manya a gida, mata da maza, mu ne ya kamata mu karanta 'yar takardar da ta zo da injin, mu yi wa iyayenmu bayani, mu kuma sa ido a kan ƙanne. Wanda gidansu babu inji ma ya samu abin ɗauka: jiƙo, ware launi da tattalin ruwa duk suna aiki a baho. Mai tambaya ko gyara ya miƙa wa ƙungiya a rubuce. Sai mun haɗu a fitowa ta gaba, in Allah ya kai mu.