Fim ɗin tseren motoci: Dalilin da ya sa kashi na 3 ke zuwa bayan na 6

Duk wanda ya saba cin kasuwannin Damargu, daga Tanut zuwa Belbeji har Bakin Birji, ya san rumfar masu tura finafinai a kati ko a salula, wadda ba ta rabo da samari tun hantsi har kasuwa ta watse. A da kaset ne da faifai ake haya, yau kuwa ɗan katin da bai kai farce girma ba ya ɗauke kayan shago guda. Cikin finafinan Turawa da ake tambaya a irin waɗannan rumfuna akwai Fast & Furious, na tseren motoci, wanda kamfanin Universal na Amurka ya fara fitarwa a 2001, kuma zuwa 2023 ya kai kashi 10, ban da wani reshe guda.

Mun ga ya dace mu yi bayani a kansa ne domin fim ne mai haɗa mai turi da mai saye faɗa, kuma sau da yawa kuɗin da ake faɗan a kansu daga lalitar uwa suka fito, wadda ta wuni a rana tana awon gero ko tuyar ƙosai. Yaro ya koma gida ya kalla, ya dawo ya ce an cuce shi, mai turi ya rantse daidai ya jera, alhali kowannensu da gaskiyarsa.

Matsala ta farko sunaye ne. Kashi na 1 na 2001 sunansa The Fast and the Furious, kashi na 4 na 2009 kuwa Fast & Furious. Ga wanda ba ya jin Ingilishi, kai har ma da mai ji, bambancin bai taka kara ya karya ba, don haka abu ne mai sauƙi a tura wa mutum fim ɗaya sau biyu a karɓi kuɗin biyu. Hanyar ganewa ita ce a kalli mintocin farko. Na 1 yana buɗewa da ɓarayi cikin ƙananan baƙaƙen motoci suna tare babbar mota mai ɗauke da kayan lantarki a Amurka. Na 4 kuwa da satar tankar mai yake farawa a kan hanyar tsauni a ƙasar Dominikan, tanka irin waɗanda muke gani suna fitowa daga matatar SORAZ da aka buɗe a 2011 a nan yankin Tanut.

Matsala ta biyu ta fi girma, kuma sunanta Han. Idan mai karatu bai manta ba, a kashi na 3, Tokyo Drift na 2006, an ɗauke labarin kacokan an kai shi Japan, babu Brian, Dom kansa sai a mintin ƙarshe ya leƙo. A can ne motar Han, mutumin nan mai sanyin hali da ba ya rabo da 'yar ledar abin taunawa, ta kife ta kama da wuta. To amma sai ga shi garau a kashi na 4, da na 5, da na 6, yana ci yana sha. A nan ne samari kan ce mai turi ya birkita jerin, ko kuwa ya sayar musu da jabu.

Ba laifin mai turi ba ne. Tokyo Drift shi ne kashin da ya fi kowanne ƙarancin ciniki, amma 'yan kallo sun so Han, haka shi ma mai ba da umarni Justin Lin, wanda tun 2002 ya yi aiki da ɗan wasan, Sung Kang, a wani fim dabam. Da aka ba Lin aikin kashi na 4 sai ya dawo da Han, aka ce ai duk abin da ke faruwa a nan kafin tafiyarsa Japan ne. Haka aka ci gaba har kashi uku. Sai a ƙarshen kashi na 6 na 2013, bayan sunaye sun fara hawa, aka sake nuna hatsarin Tokyo, aka bayyana cewa ba tsautsayi ba ne, Deckard Shaw ne ya buge motar da gangan don ɗaukar fansar ƙanensa. Wanda ya kashe salula da ganin sunaye ya rasa ƙullin labarin baki ɗaya. Ga 'yan kasuwa, abin kamar littafin bashi ne da aka rubuta shafi na uku tun kafin a ɗauki kayan.

Saboda haka jeri iri biyu ne. Wanda ke son bin shekarun fitowa sai ya bi lamba daga 1 zuwa 10. Wanda ke son labari ya tafi a miƙe sai ya kalli na 1, da na 2 wanda aka yi a Miyami a 2003 ba tare da Vin Diesel ba, ya tsallake zuwa na 4, da na 5 na 2011 inda aka ja akwatin kuɗi na dala miliyan 100 a titunan Riyo ta Burazil, da na 6, sannan ya dawo ya kalli na 3, ya zarce na 7 na 2015 da na 8 na 2017, har zuwa na 9 na 2021 da na 10 na 2023. A ganinmu wannan na biyun ya fi wa sabon mai kallo, ko da yake masu sayar da salula za su yi dariya, don a Tokyo Drift za su ga tsofaffin wayoyi masu marfi a hannun mutanen da aka ce sun zo bayan kashi na 6.

Reshen da muka ambata, Hobbs & Shaw na 2019, tsakanin na 8 da na 9 yake zama, kuma wanda ya bar shi bai rasa wani abin kirki daga labarin gidan Dom ba. Idan aka haɗa da shi finafinan sun zama 11, kallonsu duka zai ci kusan awa 23. Mai biyan kuɗin caji a rumfar sola sai ya yi lissafinsa.

Wani abin mamaki, bayan duk wannan wahalar, a kashi na 9 Han ya sake dawowa da rai, wai dama mutuwar shiri ce. Letty matar Dom ma an binne ta a na 4 ta dawo a na 6, Gisele ta faɗo daga mota a na 6 ta leƙo a ƙarshen na 10. Mutum ɗaya ne bai dawo ba. Paul Walker, mai fitowa a matsayin Brian, ya rasu ranar 30 ga Nuwamba 2013 a jihar Kalifoniya yana da shekara 40, lokacin da motar Porsche da abokinsa ke tuƙawa ta daki turken fitila da itatuwa ta kama da wuta. Masu bincike sun ce gudunta ya kai kilomita 130 zuwa 150 a awa ɗaya, a titin da doka ta tsaida 72. Da 'yan'uwansa biyu, Caleb da Cody, da aikin kwamfuta aka ƙarasa kashi na 7, wanda ya tara fiye da dala biliyan ɗaya da rabi. A wannan kashin ne kuma Djimon Hounsou, haifaffen Kwatano ta Benin, ya fito a cikin mugaye.

Iyaye mata masu 'ya'ya 'yan kabu-kabu da yaran mota su ne suka fi cancanta su riƙe wannan. Gudun da ake gani a fim a titin da aka rufe ake yin sa, da direbobin da aka horar, kuma a kashi na 7 kaɗai motoci sama da 200 aka lalata. Hanyar Damagaram zuwa Agadas da ta ratsa Tanut kuwa ba mai rufe ta, ga tankokin mai, ga manyan motocin kaya, ga raƙuma da awaki masu tsallakawa ba sallama. Haka nan kada a ɗauka fim ne na ƙananan yara don an ga motoci. A can Amurka ma an yi masa alamar gargaɗi ga iyayen yaran da ba su kai shekara 13 ba, kuma wuraren tseren cike suke da mata masu shigar da ba ta dace da kallon tsakar gida ba.

Kashi na 10 a tsakiya aka yanke shi, Dom da ɗansa suna ƙasan madatsar ruwa da aka dasa wa bama-bamai, kuma har zuwa lokacin da muke wannan rubutu ci gabansa bai fito ba. Don haka duk wanda aka ce an tura masa kashi na 11, ya buɗe ya duba kafin ya bar rumfar, ko dai Hobbs & Shaw ne aka sake wa lamba, ko kuwa wani fim ne dabam mai mota a bangonsa.