Fita da Asuba, Dawowa da Magariba: Wuraren Tarihin da Ke Kewaye da Garwa

Duk wanda ya taɓa bin kwalta daga Garwa zuwa Marwa ya san Figil, ko don farar ƙurar kamfanin siminti da ke lulluɓe itatuwan bakin hanya. Abin da yawancin fasinjoji ba su sani ba shi ne, da an wuce garin kaɗan, a ƙauyen Bidzar, akwai fararen duwatsu shimfiɗe a ƙasa ɗauke da zane-zanen da aka sassaƙa tun ba a kafa Garwa ba. Motar haya takan wuce a guje, direba na sauri ya kai tasha, fasinja na gyangyaɗi. Ko da an tsaya ma, in babu wanda ya san wurin, mutum zai iya taka zanen da takalminsa bai ankara ba.

Akwai ƙasar da ta mai da irin wannan tsayawa sana'a. Armeniya ƙaramar ƙasa ce mai duwatsu da ke maƙwabtaka da Turkiyya da Iran, kuma tarihinta ya nuna ta karɓi addinin Kirista a matsayin addinin gwamnati tun shekarar 301. Tsaunukanta cike suke da tsoffin gidajen zuhudu, inda malaman Kirista suke keɓewa su yi ibada, su koyar, su kwafi littattafai da hannu. Baƙo yakan sauka a Yerevan, babban birnin ƙasar, ya ɗauki shatar mota tare da ɗan jagora nasa na kansa, su fita da safe su dawo da yamma. A kai shi Geghard, inda aka gina babbar majami'a a 1215, aka kuma fafe wasu ɗakunan ibadar a cikin jikin dutse. A kai shi Khor Virap, mai fuskantar Dutsen Ararat da Kiristoci ke dangantawa da jirgin Annabi Nuhu. Mai juriyar doguwar tafiya ya kai har Tatev, ginin ƙarni na 9, wanda tun 2010 ake isa gare shi cikin keken igiya mai ratsa sama da kilomita 5 a kan kwazazzabo. Gine-ginen kansu sun isa kallo, amma abin da baƙo ke biya kuɗi dominsa shi ne mutumin da ke zaune kusa da shi a mota, wanda ya san wa ya gina, yaushe, kuma me ya sa.

Garwa ma tana zaune a irin wannan matsayi. Ita ce hedikwatar Yankin Arewa na Kamaru, tana bakin Kogin Binuwai, tana da filin jirgin sama da otal-otal da hanyoyin da suka fita kudu da arewa. Fulani ne suka kafa ta a ƙarni na 19 ƙarƙashin Modibbo Haman Njundi, Jamusawa suka mamaye ta a 1901, sojojin Ingila da Faransa suka ƙwace ta daga hannunsu a 1915, kuma a nan aka haifi Ahmadu Ahijo, shugaban Kamaru na farko, a 1924. 'Yan Najeriya da dama sun san ta a watan Janairun 2022, lokacin da Super Eagles suka buga wasanninsu na gasar cin kofin Afirka a filin Rumde Ajiya. An ga filin wasa, an ga kasuwa, an ci kilishi da kifi, aka koma gida. Tarihin da ke tazarar 'yan awoyi daga garin kuwa yana nan yana jiran masu zuwa.

Hanyar arewa ita ce mafi sauƙi ga mai yini ɗaya. Idan ranar Lahadi ce, zangon farko Pitowa ne, garin da ke kusa da Garwa, inda babbar kasuwar mako ke ci. Daga nan sai a miƙe zuwa Figil da Bidzar.

Zanen Bidzar ba hoton mutum ko dabba ba ne a mafi yawansa. Da'irori ne, wasu a cikin wasu, wasu a jere kamar sarƙa, wasu haɗe da layuka. An yi su ne ta hanyar ƙwanƙwasa dutsen marmara da wani abu mai tauri, ɗigo bayan ɗigo, har siffa ta fito. Wani Bature ɗan Faransa mai suna Buisson ne ya fara ba da rahotonsu ga masana a 1933, daga baya Alain Marliac ya yi dogon nazari a kansu. An ƙirga siffofi kusan 500, kuma ƙiyasin shekarunsu ya kama daga 300 zuwa 3,000. Da tsakar rana, hasken da ke dukan farin dutse yakan ɓatar da zanen. Da hantsi ko bayan la'asar, lokacin da rana ta karkata, inuwa takan shiga cikin ramukan, sai da'irorin su bayyana tsaf. Wannan na daga cikin ƙananan abubuwan da ɗan jagora ya sani, wanda taswirar wayar hannu ba za ta gaya wa kowa ba. Shi ne kuma zai fara kai baƙo gaida mai gari, domin filin na mutanen ƙauyen ne, kuma a gefensa gonakinsu suke.

Ba nisa daga nan, kusa da garin Gider, akwai kwazazzabon Kola, inda Kogin Mayo Luti ya yi dubban shekaru yana cin dutse har ya sassaƙa lunguna masu santsi, baƙi da ruwan toka. Da rani ana sauka a yi tafiya a kan yashi tsakanin bangayen dutse. Da damina ruwa ne ke cika wurin, ba mai kusantarsa.

Hanyar kudu ta fi tsawo, ta kuma fi neman shiri. Mai bin ta zai iya ratsewa ya ga madatsar ruwa ta Lagdo, wadda 'yan Sin suka gina aka kammala a 1982. Mutanen jihohin Adamawa da Taraba da Binuwai da Kogi a Najeriya sun san sunan nan sarai, domin shi ake ambata duk shekarar da ambaliya ta yi ɓarna, kamar 2012 da 2022. Ganin tafkin da ido, da kwale-kwalen masunta a kansa, yakan sa mutum ya fahimci girman ruwan da ake magana a kai.

Amma inda tafiyar ta dosa shi ne Rai Buba. Buba Njidda ne ya kafa wannan masarauta a 1804, shekarar da Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya yi hijira zuwa Gudu, aka kuma gina fadar tsakanin 1805 da 1808. Ko da Modibbo Adama ya karɓo tutar Shehu ya zama jagoran Fombina, wato ƙasar Adamawa, Buba Njidda bai cika sakin wuya ga Yola ba, kuma wannan ɗabi'a ta cin gashin kai ta bi masarautar har bayan zuwan Turawa. Ƙasarta ta mamaye yankin Mayo-Rey, mai faɗin fiye da murabba'in kilomita 36,000, wato ta fi jihar Kano girma nesa ba kusa ba. Fadar ginin ƙasa ce, kewaye da katanga mai tsayin kusan mita 7, a cikinta akwai zauruka da farfajiyoyi da sassan iyali da na bayin sarki. Bahaushen da ya san Gidan Rumfa ko Gidan Korau zai ga abubuwan da ya saba da su: dogarai a ƙofa, zaure bayan zaure, tuɓe takalmi kafin shiga, magana ta bakin fadawa. Mutanen ƙasar suna kiran Lamiɗonsu Baba. Mai riƙe da sarautar tun 2006 shi ne Abubakari Abdullahi, wanda kuma sanata ne a majalisar dattawan Kamaru.

Fada ce mai rai, gidan sarki ne da ake zaman shari'a da sulhu a cikinsa, don haka ba a faɗa mata kai tsaye. Ana aika saƙo tun da wuri, a jira izini, a tafi da gaisuwa gwargwadon hali. Ba a ɗaga waya a ɗauki hoto sai an tambaya. Ɗan jagora nagari ya san wane bafade za a fara gani, ya san inda baƙo zai tsaya da inda ba zai wuce ba, kuma shi zai mayar da «Jaɓɓaama» da «Jam na?» na Fulatanci zuwa hirar da za ta buɗe ƙofa. Mai son ganin fada ba tare da doguwar tafiya ba yana iya zuwa ta Lamiɗon Garwa a cikin gari, ko ta Demsa a Gashiga, wadda ta yi suna wajen dawaki da hawa.

Wurin da ya fi kama da gine-ginen Armeniya ta fuskar shekaru kuwa yana can arewa, a Duwatsun Mandara, yankin Mayo-Tsanaga. Sunansa Diy-Gid-Biy, wanda a harshen Mafa ke nufin kufan gidan sarki. Kufai 16 ne warwatse a ƙauyuka 7, an gina su tsakanin ƙarni na 12 da na 17. Wato a zamanin da magina a Geghard ke fafe dutse, wasu maginan a nan suna jera nasu duwatsun ɗaya kan ɗaya, ba laka ba siminti, suna tayar da dandamali da matakala da lungunan shiga. Masu binciken kufai irin su Nicholas David da Scott MacEachern sun yi haƙa a wurin, kuma daga cikin bayanan da aka gabatar akwai mai danganta gine-ginen da al'adun neman ruwa a lokutan fari. Mafawan da ke zaune a wurin yau suna girmama kufan, suna gudanar da al'adunsu na gargajiya a wasu daga cikinsu. A watan Yulin 2025 hukumar UNESCO ta sanya Diy-Gid-Biy cikin jerin kayan tarihin duniya. A ɗaya gefen waɗannan duwatsu, cikin jihar Adamawa ta Najeriya, akwai Sukur, wadda ta sami irin wannan matsayi tun 1999.

Daga Garwa, zuwa Diy-Gid-Biy da dawowa a yini ɗaya wahala ce. Hikima ita ce a kwana a Marwa ko Mokolo. Sannan dole a yi maganar tsaro ba tare da ɓoye-ɓoye ba. Tun da 'yan Boko Haram suka sace wasu Faransawa 7 'yan gida ɗaya kusa da gandun dajin Waza a watan Fabrairun 2013, baƙi suka ɗauke ƙafa daga yankin Arewa Mai Nisa, inda waɗannan duwatsu suke, masu jagora da masu masauki a wurare irin su Rumsiki suka rasa abin yi. Ƙauyukan kan iyaka na Mayo-Tsanaga sun sha hare-hare. A kudu ma, wasu sassan Mayo-Rey sun yi fama da 'yan fashin hanya, waɗanda ake kira zargina, da masu garkuwa da mutane. Ba a hawa irin waɗannan hanyoyi sai an tambayi hukuma da mutanen gari halin da ake ciki a makon, kuma ba a tafiyar dare.

Wannan ya dawo da magana kan ɗan jagora, kuma ba baƙon abu ba ne ga Bahaushe. Ayarin fataken da suka riƙa shigowa ƙasar Adamawa neman hauren giwa a ƙarni na 19 suna da madugu mai shugabanci, suna kuma da jagaba mai shiga gaba, wanda ya san mashigin kogi, ya san zango mai ruwa, ya san sarkin da za a kai wa gaisuwa. Jikokin waɗannan fatake suna nan a unguwannin Garwa. Aikin jagaba ne ɗan jagora ke yi yau, sai dai a cikin mota. Ana so ya iya Fulatanci, domin shi ne harshen kasuwa da fada, ya iya Faransanci saboda shingayen jandarma da ofisoshi, in ya ƙara da Hausa to baƙo daga Kano ko Maraɗi ya huta. Ana samun irinsu ta hannun otal-otal ko ofishin yawon buɗe ido na yanki. A yi ciniki da sefa tun kafin a tashi, a fayyace wa zai sayi mai, wa zai ɗauki abincin direba, nawa za a ware don gaisuwa.

Lokaci mafi dacewa shi ne daga Nuwamba zuwa Fabrairu. A Maris da Afrilu zafin Garwa yakan haura digiri 40, dutse ya yi zafin da ba a iya dafa shi. Da damina kuwa hanyoyin burji sukan lalace, musamman ta Rai Buba. A riƙe takardun shaida, da ruwan sha isasshe, da takalmi mai kama dutse, a kuma sa niyyar tsallako gadar Binuwai kafin kiran magariba in daga kudu ake.

Malaman makarantu da ƙungiyoyin matasa da 'yan kasuwar da ke kwana biyu a Garwa suna jiran kaya su ne suka fi kusa da wannan dama, ba sai an jira Bature ya sauko daga jirgi ba. Mutum huɗu ko biyar in suka haɗa kuɗin shata, tafiyar ba ta fi ƙarfinsu ba, kuma abin da suka bari a hannun ɗan jagora da mai gadin wuri shi ke sa ƙauye ya ga amfanin kare abin da ya gada. Bidzar na bukatar wannan da gaggawa, domin dutsen da aka yi zanen a kansa shi ne irin wanda masana'antun Figil ke fasawa su yi siminti da farar ƙasa. Tun 2006 Kamaru ta miƙa sunayen Bidzar da fadar Rai Buba da Diy-Gid-Biy ga UNESCO. Ɗaya ya samu shiga bayan shekara 19. Sauran biyun suna nan a jerin jira, manyan motocin dakon dutse kuma suna ta kai-komo a hanyar Figil.