Baƙo, Hukuma da Alƙali

Mutumin Birnin Malam da ke cin kasuwar Jega bai rasa sanin cewa iyakar da ke Kamba ba ta raba dangi ba, domin Zabarmawa da Dandawa da Arawa suna zaune a ɓangarorinta biyu tun kafin zuwan Nasara, kuma yarjejeniyar ECOWAS ta 1979 ta halatta wa ɗan Gaya ko Dosso, lokacin da Nijar ke cikin ƙungiyar, ya shigo ya yi kwana 90 ba tare da biza ba. Saboda haka shigowar baƙo ba ita ce illa ba. Illar tana wajen hukumar da idan aka kai mata ƙarar baƙon da ya zama fitina sai ta yi sakaci, alhali doka ta ba ta hanyar gurfanar da shi gaban alƙali.

Shekarar 1980 ta isa hujja. A watan Janairu, gwamnatin Shehu Shagari, bisa umarnin Ministan Harkokin Cikin Gida Bello Maitama Yusuf, ta ɗauke Alhaji Shugaba Abdurrahman Darman, shugaban masu rinjaye na Majalisar Dokokin Borno kuma ɗan jam'iyyar GNPP, ta tsallakar da shi Cadi da da'awar cewa ba ɗan ƙasa ba ne, ba tare da wata kotu ta saurare shi ba. Babbar Kotun Maiduguri, ƙarƙashin Mai Shari'a Oye Adefila, ta bi nasabarsa, ta tabbatar cewa ɗan Nijeriya ne, ta soke korar, ta kuma yanke masa diyya. A daidai wannan lokaci kuwa, Muhammadu Marwa, wanda aka fi sani da Maitatsine, mutumin Kamaru da aka taɓa kora daga Kano a 1962 zamanin Sarki Muhammadu Sanusi, ya dawo yana zaune a unguwar 'Yan Awaki ta Kano yana tara mabiya, maƙwabta suna kuka, malamai suna gargaɗi, amma ba a sami hukumar da ta tsaya ta kai al'amarinsa gaban shari'a ta ga ƙarshensa ba. Takardar da Gwamna Abubakar Rimi ya aika masa a watan Nuwamba, ta ya tashi cikin mako biyu, ta zo a makare, kuma da rikicin mabiyansa da ya ɓarke a Disamba ya lafa, kwamitin Mai Shari'a Aniagolu ya ƙidaya rayuka 4,177. Wanda bai cancanci kora ba an kore shi da gaggawa, wanda kuma ya wajaba a tuhuma an ƙyale shi shekara da shekaru.

Abin baƙin ciki shi ne yadda sakaci kan haifi zalunci, domin a Janairun 1983 aka ba dukkan baƙin da ba su da takardu wa'adin mako biyu su fice, aka haɗa mai gadi da mai ga-ruwa da malamin makaranta, ba wanda alƙali ya duba lamarinsa shi kaɗai.

A ƙasar Kabi ma mun ɗanɗana. Baƙin 'yan bindigar da ake kira Lakurawa sun shekara da dama a dazukan Gudu da Tangaza na jihar Sakkwato suna karɓar shanu da sunan zakka, kuma a 2018 an ɗauke su makiyaya ne kawai masu neman ruwa da ciyawa. Sai da suka kashe mutum 15 a Mera ta ƙaramar hukumar Augie a Nuwamban 2024, sa'an nan gwamnati ta je Babbar Kotun Tarayya da ke Abuja, wadda ta ayyana su 'yan ta'adda a Janairun 2025.

A nan ne iyakar ikon alƙali take, kuma ya kamata talaka ya fahimce ta: kotu ba ta fita farautar ƙara, sai abin da aka kawo mata. Tsarin mulki ya wajabta a kai wanda aka tsare gabanta cikin kwana ɗaya ko biyu, Dokar Shige da Fice ta 2015 kuma ta shimfiɗa hanyoyin kora, amma rubuta takardar tuhuma aikin jami'an shige da fice ne da 'yan sanda da Antoni Janar. Su ne ya dace hakimai da 'yan majalisarmu su riƙa tambaya, a rubuce, ina aka kwana game da kowane rahoto da mai unguwa ya kai.