Kakar 1905: Nasarar Jami'ar Chicago da tambayar wa ke cin gumin ɗalibai 'yan wasa

A ranar 30 ga Nuwamban 1905, dubban 'yan kallo suka yi dafifi a filin Marshall da ke birnin Chicago domin ganin karawar jami'o'i biyu a ƙwallon ƙafar Amurka, wasan nan da ake rungumar ƙwallo mai siffar ƙwai ana kutsawa da ita cikin abokan hamayya. Jami'ar Michigan ta iso filin ne bayan ta buga wasanni 56 a jere tun daga 1901 ba a doke ta ba. A kakar ta bana kuwa ta tara maki 495, ba wanda ya ci ta ko ɗaya.

An tashi Chicago na da maki 2, Michigan na nema. Makin ya samu ne sa'ad da aka kayar da wani ɗan wasan Michigan a bayan layin gidansu yana riƙe da ƙwallo. Da haka Chicago ta kammala kakar ba tare da an yi galaba a kanta ba. Sai dai abin da ya sa masana tarihi ke yawan waiwayar wannan shekara ya wuce sakamakon wasa.

Jami'ar da ta gina suna da ƙwallo

Jami'ar Chicago ta buɗe ƙofofinta a 1892 da dukiyar attajirin man fetur John D. Rockefeller. Shugabanta na farko, William Rainey Harper, ya fahimci cewa sabuwar makaranta na buƙatar abin da zai sa jaridu su riƙa ambatonta. Saboda haka ya ɗauko Amos Alonzo Stagg, tsohon tauraron Jami'ar Yale, ya ba shi horar da 'yan wasa tare da matsayi irin na malaman jami'a, abin da ba a saba gani ba a wancan zamani.

Dabarar ta yi aiki. Kuɗin ƙofa ya riƙa shigowa, sunan jami'ar ya bazu. Amma ɗaliban da ke zubar da gumin ba su da albashi, domin ƙa'ida ta ce su masu wasan sha'awa ne. Misalin da aka fi kawowa shi ne Walter Eckersall, gwarzon ƙungiyar ta 1905. Karatunsa ya yi rauni ƙwarai, duk da haka aka ci gaba da sa shi a wasa. Bayan ya buga kakarsa ta ƙarshe a 1906, jami'ar ta raba gari da shi ba tare da digiri ba. An ci moriyar ganga, an yada kwaurenta.

Jini a fili, tonon silili a jarida

Wasan wancan lokaci ya fi kama da artabu. Doka ta hana jefa ƙwallo gaba, don haka ƙungiyoyi kan dunƙule wuri guda su afka wa mutum ɗaya, ga shi babu tilascin sa hular kariya. Jaridar Chicago Tribune ta ƙirga mutum 19 da suka mutu sanadiyyar wasan a kakar 1905, da dama daga cikinsu 'yan makarantar sakandare.

'Yan jarida masu binciken ƙwaƙwaf su ma sun taka rawa. A tsakiyar shekarar, Henry Beach Needham ya wallafa a mujallar McClure's yadda manyan jami'o'in gabashin ƙasar ke saka wa taurarinsu ta bayan fage. Daga bisani mujallar Collier's ta bi sawun jami'o'in yankin tsakiya, ciki har da Chicago.

A ranar 9 ga Oktoba, Shugaba Theodore Roosevelt ya kira wakilan Harvard da Yale da Princeton zuwa fadar White House, ya nemi su tsaftace wasan. Mutuwar Harold Moore na Kwalejin Union a ƙarshen Nuwamba, a karawarsu da Jami'ar New York, ta ƙara rura wutar. Shugaban jami'ar, Henry MacCracken, ya kira taro, kuma a ƙarshen Disamba makarantu 62 suka amince su kafa ƙungiyar da a 1910 ta koma NCAA. Dokokin 1906 sun halatta jefa ƙwallo gaba, suka kuma rage tsawon wasa daga minti 70 zuwa 60. Jami'ar Columbia ta dakatar da wasan baki ɗaya, Stanford da California suka koma zari-ruga.

Abin da gyaran ya bari

Gyaran ya taɓa batun rayuka, amma ya tsallake batun kuɗi. NCAA ta shafe fiye da ƙarni tana kare matsayin cewa ba a biyan ɗalibi ɗan wasa, alhali masu horarwa da jami'o'i da gidajen talabijin na kwasar miliyoyin daloli. Sai a 2021 Kotun Ƙolin Amurka, da bakin alƙalanta tara, ta yanke hukuncin cewa wasu daga cikin takunkuman ƙungiyar sun saɓa wa dokar hana babakere. A Yunin 2025 wata kotun tarayya ta amince da sulhun kusan dala biliyan 2.8, wanda ya buɗe wa jami'o'i hanyar biyan 'yan wasansu kai tsaye.

Ita kuwa Chicago tuni ta zaɓi tata hanyar. A 1939 shugabanta Robert Maynard Hutchins ya soke ƙungiyar ƙwallon, bisa hujjar cewa tana karkatar da jami'a daga aikin ilimi. Shekara uku bayan haka, ranar 2 ga Disamban 1942, a ƙarƙashin kujerun 'yan kallo na wannan fili, wanda aka sauya wa suna zuwa na Stagg, Enrico Fermi da abokan aikinsa suka kunna tukunyar nukiliya ta farko da ɗan Adam ya ƙera.