Gidan Miliyan 10, Bashin Miliyan 21: Lissafin Da Mai Neman Rancen Gida Ya Kamata Ya Yi Kafin Ya Sa Hannu

Duk wanda ya ratsa Unguwar Romi ta wajen Sabon Tasha ya ɓulle Gonin Gora zai ga gidaje iri biyu suna tasowa kafaɗa da kafaɗa. Ga na masu tara bulo, waɗanda suke sayen siminti buhu biyar yau, goma bayan wata uku, ginin ya kai linta ya tsaya shekara biyu yana jiran kwano. Ga kuma na rukunin gidaje, fenti iri ɗaya, ƙofa iri ɗaya, an kafa allo a bakin hanya ana cewa a zo a shiga yanzu, a biya sannu a hankali. Wannan yanki na ƙaramar hukumar Chikun ya cika ya batse tun bayan rikice-rikicen 2000 da 2002 da suka sa jama'a suka sake matsuguni a Kaduna, kuma haya sai hawa take yi. Shi ya sa malamin makaranta ko ma'aikaciyar jinya da ta gaji da saƙon mai gida duk ƙarshen shekara, idan ta ji ana maganar rancen gida, sai ta kasa kunne.

Abin da ake fara faɗa mata shi ne kuɗin wata: "Dubu sittin kacal, kamar haya." Adadin gaskiya ne, ba a yi mata ƙarya ba. Sai dai ba shi ne farashin gidan ba.

Rance mafi sauƙi a Najeriya shi ne na Asusun Gidaje na Ƙasa, wato NHF, wanda doka ta kafa a 1992, Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, yake kula da shi. Ana cire wa ma'aikaci kashi 2.5 cikin ɗari na albashinsa kowane wata, kuma idan ya yi wata shida yana zubi ya cancanci neman rance. Kuɗin ruwa kashi 6 ne a shekara, wa'adi yana iya kai wa shekara 30. An daɗe iyakar rancen tana Naira miliyan 15 kafin a ɗaga ta zuwa miliyan 50. Ba FMBN ne yake ƙirga wa mutum kuɗin a hannu ba. Ana bi ne ta bankunan lamunin gidaje masu lasisi, su karɓo a kashi 4, su bayar a kashi 6.

A ɗauka wani ya ci miliyan 10 a kan wannan tsari, shekara 30. Kowane wata zai biya Naira 59,955. A ninka wannan sau wata 360, sai a samu kusan miliyan 21 da dubu 584. Ke nan kuɗin ruwa kaɗai ya haura miliyan 11 da rabi, ya fi uwar kuɗin yawa. Wannan fa a rancen da kowa ya yarda shi ne mai rahusa.

Mutane da yawa idan sun ji "kashi 6" sai su lissafa dubu 600 a kan miliyan 10, su ce ai da sauƙi. Kashi 6 ɗin na kowace shekara ne, kuma ana ɗora shi a kan abin da ya rage na bashin. A nan ne abin yake da ban mamaki. A watan farko, cikin Naira 59,955 ɗin nan, dubu 50 cif kuɗin ruwa ne. Naira 9,955 kawai ta taɓa ainihin bashin. Wata na biyu ma kusan haka. Mutum zai yi shekara 10 bai taɓa fashi ba, ya zuba sama da miliyan 7 da dubu 190, ya je banki ya tambayi abin da ya saura, a ce masa miliyan 8 da dubu 368. Bai rage ko miliyan 2 ba. Ba cuta aka yi masa ba, haka lissafin yake: a shekarun farko ruwa ne yake cinye kuɗin, sai can gaba uwar kuɗi ta fara narkewa da sauri. Amma wanda ba a nuna masa jadawalin biya ba tun farko, ranar da ya gano haka zai rantse an yi masa sata.

Wa'adi shi ne maɓallin da ya fi komai juya jimillar. Miliyan 10 ɗin nan, a kashi 6 ɗin nan, idan aka mayar da ita shekara 20, kuɗin wata ya zama Naira 71,643, jimilla miliyan 17 da dubu 194. Ƙarin da bai kai dubu 12 a wata ba ya tsirar da sama da miliyan 4. A shekara 15 kuwa, Naira 84,386 ne a wata, jimilla miliyan 15 da dubu 189. Sau da yawa ma ba mai rance ne yake zaɓen wa'adi ba, shekarunsa ne suke zaɓa masa, domin ana so a gama biya kafin ritaya. Galibi ma'aikacin gwamnati yana ajiye aiki idan ya cika shekara 60 da haihuwa ko 35 yana aiki, saboda haka ɗan shekara 45 ya manta da zancen shekara 30. Sannan akwai ƙa'idar da masu ba da rance suke bi, cewa kuɗin wata kada ya wuce kashi ɗaya cikin uku na abin da mutum yake samu. Mai son biyan dubu 60 sai albashinsa ya kai wajen dubu 180. Wanda yake kan mafi ƙarancin albashi na Jihar Kaduna, Naira 72,000, abin da zai iya ɗauka bai wuce miliyan 4 ba, ko da an ba shi shekara 30 ɗin.

To wannan na NHF ne. Wanda layi ya yi masa tsawo, ko ba ya zubi, ya nufi bankin kasuwanci, ya shiga wata duniya. A ƙarshen 2024 Babban Bankin Najeriya ya kai ma'aunin kuɗin ruwansa kashi 27.5, kuma bankuna ba sa ba da rance don su faɗi. A ɗauka an ba mutum miliyan 10 a kashi 25. A shekara 10, zai riƙa biyan Naira 227,493 a wata, jimilla miliyan 27 da dubu 300. Idan ya ce ya yi masa nauyi, a ja masa zuwa shekara 20, kuɗin wata zai sauko zuwa Naira 209,822 kawai, ragin da bai kai dubu 18 ba, amma jimilla ta tashi ta haura miliyan 50. A kuɗin ruwa mai tsada irin wannan, tsawaita wa'adi ba sauƙi ba ne ko kaɗan.

Akwai kuma layi guda da ake yawan tsallakewa a takardar tayin rance: wanda yake cewa banki yana da ikon sauya kuɗin ruwa gwargwadon yanayin kasuwa. Rance mai tsayayyen ruwa daban, mai hawa da sauka daban. Irin na biyun ya taka babbar rawa wajen raba miliyoyin iyalai da gidajensu a Amurka a rikicin 2008, bayan sun shiga da ruwa mai araha na shekarun farko, daga baya ya tashi. A yi adalci, tsayayyen ruwa yana da wata fa'ida a ƙasa irin tamu: lokacin da hauhawar farashi ta haura kashi 34 a Disamban 2024, wanda yake biyan NHF dubu 60 ɗinsa bai motsa ba, alhali na haya an ƙara masa. Idan albashi ya ƙaru, nauyin bashin yana raguwa da kansa. Wannan ne ya sa rancen kashi 6 abin nema ne duk da jimillarsa, na kashi 25 mai hawa da sauka kuwa abin gudu.

Ƙungiyoyin gama kai na wuraren aiki su ma suna da nasu salon. Da yawa suna lissafa ruwa a kan dukan kuɗin da aka karɓa tun farko, ba a kan abin da ya rage ba. Miliyan 2 a kashi 10 na shekara 5 ta wannan hanya tana zama miliyan 3, dubu 50 a wata. Da a kan ragowar bashi ake lissafawa, da miliyan 2 da dubu 550 ne. Kashi 10 ɗin irin waɗannan ƙungiyoyi a haƙiƙa ya kai kashi 17 na lissafin banki. Tambaya ɗaya ce take raba gardama: a kan me ake ɗora ruwan?

Masu gudun riba suna da bankuna irin su Jaiz, wanda ya fara aiki a 2012, da TAJBank da Lotus. A can banki yakan sayi gidan ya sayar wa mutum da sanannen ƙari, ko ya ba shi haya har ya mallaka. Hukuncin cinikin ya bambanta, amma aljihu sai ya ji a jikinsa, don haka tambayar jimilla tana nan daram.

Duk wannan lissafi na abin da yake cikin jadawali ne. Akwai wanda ba ya ciki, kuma shi ne yake fara karya mutane tun kafin su karɓi makulli.

Na farko kafin alƙalami, wato kason da mai saye zai kawo daga aljihunsa. Bankunan kasuwanci sukan nemi kashi 20 zuwa 30 na kuɗin gidan. Tun 2022 hukumar fansho ta ƙasa, PenCom, ta ba da damar a ciri har kashi 25 na asusun fanshon mutum don biyan wannan kaso, idan ya yi aƙalla wata 60 ana zuba masa. Dama ce, amma kuɗin tsufa ne aka taɓa, ya kamata a rubuta shi cikin farashin gidan. Wasu kuma sukan ci wani bashin daban, ko su kwashi adashi, don cika kafin alƙalami, sai su wayi gari da bashi biyu a kan albashi ɗaya.

Sai takardu, kuma a nan ne Romi da maƙwabtanta suke da matsala ta musamman. Filaye da yawa a waɗannan unguwanni an saye su ne da takardar yarjejeniya, mai sayarwa ya sa hannu, shaidu su sa, mai unguwa ya buga hatimi. Banki ba ya karɓar wannan a matsayin jingina. Takardar shaidar mallaka ta gwamnati yake so. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta sa filayen birni a hannun gwamna, kuma ba a jinginar da fili sai da amincewarsa. A Kaduna hukumar KADGIS ce take wannan aiki. Binciken asalin fili, rajistar jingina, kuɗin hatimi, harajin fili na shekara-shekara har da wanda mai gidan farko ya bari bai biya ba, kowanne da kuɗinsa. Idan gini za a yi, sai an samo izini daga hukumar tsara birane ta jihar, KASUPDA. A ƙara da ladan mai ƙiyasta darajar gida, da na lauya, da la'adar dillali, da kuɗin sarrafa takardu da banki yake cirewa. Ɗaya-ɗaya ba su da ban tsoro. Idan aka haɗa, sukan kai kuɗin hayar shekara ko fiye.

Inshora ma wajibi ce: ta gobara a kan ginin, da ta rai wadda za ta biya ragowar bashin idan mai rance ya rasu. Ta biyun nan bai kamata a yi mata ƙyashi ba, ita ce take hana a fitar da marayu. Abin dubawa shi ne ko tana cikin kuɗin wata ko daban ake biya duk shekara.

Gidan rukuni kuma ba kasafai yake zuwa a kammale ba. Katanga, burtsatse ko rijiya, tankin ruwa, mita, ƙarfen taga, kuɗin maigadi da kwasar shara, duk suna jiran sabon mai gida. Rufin da ya yi yoyo a da mai gida ake kira. Yanzu babu wanda za a kira.

Idan biya ya tsaya fa? Mutanen kudancin birnin Kaduna ba sa buƙatar a ba su labarin yadda albashi yake yankewa rana tsaka: sun ga yadda masaƙun Kakuri suka rufe ɗaya bayan ɗaya, dubban ma'aikata suka koma gida. Wata guda na fashi yana jawo tara, ruwa kuma yana ci gaba da hawa kan abin da ba a biya ba. Kaduna tana cikin jihohin farko da suka yi dokar jingina da karɓe gida, a 2017, wadda ta sauƙaƙa wa mai ba da rance hanyar sayar da gidan wanda ya gaza. Manufar ita ce bankuna su saki jiki su ba da rance, amma ga mai cin bashi ma'anarta ita ce zamanin jan shari'a shekara da shekaru ya ragu. Wanda ya ga alamar tangarɗa, gara ya je banki da ƙafarsa a sake tsara masa biya kafin wasiƙa ta iso.

Kafin sa hannu, mai neman rance yana da haƙƙin ya ce a buga masa cikakken jadawalin biya, wata-wata, ya ga ruwa nawa, uwar kuɗi nawa, jimilla nawa, sannan a rubuta masa duk kuɗaɗen gefe a takarda ɗaya. Ya kuma tambaya ko ana cin tarar wanda ya biya da wuri, domin a nan akwai riba mai yawa. A rancen miliyan 10 na shekara 30 ɗin can, wanda ya riƙa ɗora dubu 10 a kan kuɗin wata, aka kuma sa ta a kan uwar kuɗi, zai gama cikin shekara 21, ya tsira da kusan miliyan 4. Sai dai ya tabbatar an rubuta cewa ƙarin uwar kuɗi yake ragewa, ba ajiye shi ake yi a matsayin biyan watan gaba ba.

Ranar biyan ƙarshe ma da sauran aiki. Sai banki ya ba da takardar sakin jingina, a kai ta KADGIS a yi mata rajista, a karɓo ainihin takardar mallaka. Wannan ma akwai kuɗinsa, kuma muddin ba a yi ba, sunan banki yana nan a kan gidan a kundin gwamnati, magada ba za su iya sayarwa ko jinginar da shi ba.