Ƙarfen sitabilaiza: ina gaskiya, ina shaci-faɗi?

Akwai maganar da ta zauna a bakin wasu direbobin da ke jigila tsakanin Katsina, Kurfi da Dutsin-Ma, wai ƙarfen nan na ƙarƙashin mota da kanikawa ke kira sitabilaiza ba shi da amfani a hanyoyinmu, don titunan Turai aka yi shi. Da ya fara ƙwanƙwasa a gargada sai ka ji an ce wa bakanike, "Oga, kwance shi kawai mu huta." Wasu kuma sun ɗauka in an sa mai kauri, mota ta yi ban kwana da kifewa. Abin yana damuna, domin motocin nan mutane suke ɗauka.

Ƙarfe ne dogo mai lanƙwasa a bakinsa biyu. Ana ɗaure tsakiyarsa a jikin mota cikin robobi biyu, wato bushin, kowane baki kuma a haɗa shi da ƙafar mota da ɗan sandan da ake kira linkej. In tayoyi biyu suka hau tudun rage gudu a tare, juyawa kawai yake yi a cikin robobinsa. Aikinsa sai a kwana: nauyi ya koma gefe ɗaya, ƙafa ɗaya ta nutse, ɗayar ta saki, ƙarfen ya murɗe yana turjiya, ya hana motar kwanciya. Dabarar ta daɗe, tun 1919 wani mutumin Kanada, Stephen Coleman, ya yi mata rajista.

Masu cewa mota ta fi laushi in an cire shi ba ƙarya suka yi ba. Idan taya ɗaya ta faɗa rami, ƙarfen yana kai wani ɓangare na jijjigar ɗaya gefen. Shi ya sa Jeep Wrangler Rubicon take da maɓallin da ke raba shi, amma don tafiyar hawainiya a kan duwatsu. A kan kwalta da gudu, ranar da akuya ko ɗan acaɓa ya faɗo maka ka karkatar da sitiyari ba shiri, motar da ba ta da shi za ta yi tangaɗi fiye da yadda ka saba, kuma daidaita ta zai yi wuya. Ƙarar ma galibi ba daga ƙarfen take ba, bushin ne ya cinye ko linkej ya yi sako-sako, kuma su ne mafi araha a wajen.

Batun kauri kuwa, nan ne haɗarin ya fi ɓuya. Taurin ƙarfen yana ƙaruwa fiye da yadda ido ke gani: daga milimita 20 zuwa 22 ya ƙaru da kusan rabi. In na baya ya yi tauri da yawa, gindin mota ke zamewa a kwana. In na gaba ne, ka murɗa sitiyari ita kuma ta nufi gaba abinta. Don haka ɗauko na wata mota daga wajen masu kayan Beljiyam a ce "ai zai shiga" ganganci ne. Wasu kuma har nema suke a ƙara shi a bayan Golf 3, alhali ƙarfen da ya haɗa tayoyinta na baya an ƙera shi ne ya murɗe ya yi irin wannan aikin.

Wai yana taimaka wa mota ɗaukar lodi? Sam. Nauyi aikin sifirin ne. Motar da ta taso daga kasuwar Laraba ta Dutsin-Ma da buhunan gero a but, wasu a rufi, nauyinta ya koma sama, babu sitabilaizar da za ta cece ta a kwana in direba bai rage gudu ba.

In ya karye, kada a kai shi wajen mai walda. Ƙarfen sifirin ne, wuta tana kashe ƙarfinsa, zai sake karyewa a wurin. A nemi daidai na motar. Wajen ɗaurawa, tayoyin biyu su kasance a tsayi ɗaya, in ba haka ba ramukan ɗaurin ba za su haɗu ba sai an tilasta. A canza linkej biyun tare, kuma kada a shafa wa bushin baƙin mai, yana kumbura roba ya lalata ta.