Yawa Daban, Rashin Iyaka Daban: Kuskuren da Ya Zauna a Ajin Lissafi

A duk lokacin da jarrabawar WAEC da NECO ta ƙarato, akwai gardamar da ke sake tasowa tsakanin ɗaliban babbar sakandare, har ma da wasu malamansu, a kan darasin rukuni, wato tarin abubuwan da aka fayyace su sarai ta yadda za a iya sanin abin da ke ciki da wanda ba ya ciki. Idan aka nemi misalin rukuni marar iyaka, amsar da ta fi saurin fitowa ita ce ƙwayoyin yashin hamadar Sahara ko gashin kan ɗan Adam, alhali kuwa duka biyun rukunai ne masu iyaka, kuma abin takaici ne a ce ana maimaita wannan kuskure a gaban allo ba tare da an gyara ba.

Tushen ruɗanin shi ne ɗaukar wahalar ƙidaya a matsayin rashin ƙarshe. Rukuni mai iyaka shi ne wanda idan aka fara ƙirga abubuwan da ke cikinsa ɗaya bayan ɗaya, ƙirgar za ta tsaya a kan wata lamba, ko da ba wanda zai yi tsawon ran da zai kai wurin. Wanda ya zazzage buhun gero a tabarma ya shiga tsintar ƙwayoyin zai gaji, wataƙila ya haƙura ya tashi, amma gajiyarsa ba ta hana buhun samun ƙwaya ta ƙarshe ba. Tun a ƙarni na uku kafin Miladiyya, Arkimidis, masanin Girka mazaunin tsibirin Sisili, ya rubuta littafi sukutum domin rushe wannan zato, inda ya ƙiyasta cewa yashin da zai cika sararin samaniya, gwargwadon girman da ya ɗauka masa, ba zai wuce lambar da ake rubutawa da 1 da sifili 63 a bayanta ba. Lambobin ƙidaya kuwa, 1, 2, 3 da sauransu, ba su da ta ƙarshe, domin kowace lamba aka ambata, ƙara mata ɗaya zai haifar da wadda ta fi ta.

Akwai kuma kuskure na biyu da ya fi ɓoyuwa, wato zaton cewa duk abin da aka yi wa shinge ta farko da ta ƙarshe yana da iyaka. Lambobin ƙidaya daga 1 zuwa 100 guda ɗari ne cif, amma tsakanin 0 da 1 kaɗai akwai rabi da sulusi da rubu'i da humusi, haka za a yi ta tafiya kashin yana ƙanƙancewa ba tare da ya ƙare ba. Haka kuma ɗigo uku da ake sawa a cikin baka wajen rubuta rukuni ba hujjar rashin iyaka ba ne, sai an duba ko an rufe jerin da lamba. Rukunin da babu komai a cikinsa shi ma mai iyaka ne, tunda adadinsa sifili ne.

Ma'aunin da masana suka dogara da shi ya fito ƙarara a shekarar 1888 daga Bajamushe Richard Dedekind, wanda ya bayyana rukuni marar iyaka da cewa shi ne wanda za a iya haɗa abubuwansa ɗaya da ɗaya da na wani sashe nasa ba tare da an bar saura ba. Idan aka haɗa 1 da 2, 2 da 4, 3 da 6, kowace lamba da ninkinta, za a ga lambobin da ke rabuwa biyu daidai sun ishi dukkan lambobin ƙidaya, duk da cewa sashe ne kawai daga cikinsu, abin da ba zai taɓa yiwuwa ga yashi ba komai yawansa.

Laifin bai tsaya kan ɗalibi ba, domin an saba masa da haddar ma'ana a gurguje don a cinye manhaja kafin zango ya ƙare. Ya kamata hukumomin ilimi da masu duba littattafan makaranta su cire misalin yashi da gashi daga wannan babi, malamai kuma su riƙa tambayar ɗalibi dalilin amsarsa kafin su ba shi maki.